Tsohon Ɗan Wasa Ba Ya Zama Koci Sai Ya Koya

Masu saurare, duk lokacin da aka tayar da zancen ƙwallon hannu a Yamai, akwai wata magana da ake nanatawa har ta ishe ni: wai duk wanda ya yi suna a fili, ranar da gwiwa ta gaza sai a rataya masa usur a wuya, ya zama koci. Wannan kuskure ne, kuma yaranmu ne ke ɗanɗana kuɗarsa.

Mu dubi Didier Dinart, ɗan wasan Faransa haifaffen tsibirin Guadeloupe a 1977, wanda ya shahara a tsaron baya har ba a cika barinsa cikin fili ba idan ƙungiyarsa ta koma kai hari. Ya ci kofin zakarun Turai da Montpellier a 2003, ya sake cinsa sau uku da Ciudad Real ta Sifen, ya kuma samo wa Faransa zinariyar gasar Olamfik a 2008 da 2012. Duk da wannan tarin nasarori, da ya ajiye wasa a 2013 ba a damƙa masa ragamar ƙungiyar ƙasa ba. Mataimaki aka naɗa shi a ƙarƙashin Claude Onesta, babban kocin Faransa na lokacin, aka ce ya kula da tsaron baya kawai, ya yi shekara uku yana koyo. Sai a 2016 ya hau kujerar, ya ɗauki kofin duniya a 2017.

Shekara uku, jama'a, ga mai zinariya biyu!

Mu kuwa a nan, ku leƙa filin siminti na wata makaranta da la'asar, za ku tarar da tsohon ɗan wasa a tsaye da yara kusan talatin da ƙwallo biyu da suka sha ɗinki, yana daka tsawa yana nuna musu yadda shi yake jifa a zamaninsa. Ba na shakkar kishinsa, domin sau da yawa daga aljihunsa yake saya musu ruwan sha. Amma wa ya koya masa tsara atisayen mako? Wa ya koya masa yadda ake jera 'yan baya shida a bakin layin mita shida, ko yadda ake kare kafaɗar yarinya 'yar shekara goma sha uku daga rauni? Iya jifa daban, iya koyarwa daban.

Wasu za su ce ai Dinart ɗin ma an sallame shi a 2020, bayan da Faransa ta faɗi tun zagayen farko a gasar Turai. To, wannan hujjata ce, ba tasu ba: idan aikin ya kayar da wanda ya koya, ina ga wanda aka jefa ciki da ka? Masu cewa babu kuɗi kuma, kwas na mako biyu bai kai abin da ake kashewa a bikin buɗe gasa guda ba.

Hukumar ƙwallon hannu da ma'aikatar wasanni su kafa doka, daga Yamai har Tawa: kada wani tsohon ɗan wasa ya riƙe ƙungiya sai ya yi kwas, ya karɓi takardar shaida, ya kuma zauna mataimaki aƙalla kakar wasa biyu.