Zomon da Ba a Kamawa: Lacca kan Fim ɗin Shaguɓe na Tseren Karnuka

Jama'a, abu uku zan faɗa kan yadda ake haɗa gajeren fim da tseren karnuka don a yi wa burin ɗan Adam shaguɓe. Na farko, zomo.

Zomon nan ba zomo ba ne. Tsumma ne aka ɗaure a jikin ƙarfe, inji na jan sa a kan dogo yana zagaya fili, karnukan tsere na bin sa. Wani Ba'amurke, Owen Patrick Smith, shi ya ƙirƙiro shi a 1912, a 1926 kuma aka buɗe filin Belle Vue na Manchester a Ingila. To, ku saurara da kyau, har na baya masu hira. Akwai mutum zaune can sama, aikinsa kawai ya daidaita tazara. In zomo ya yi nisa, karnuka su sare. In ya yi kusa, su cafke shi, tsere ya lalace, a mayar wa 'yan caca kuɗinsu. Wannan mutumin shi ne fim ɗinku! Ku ɗauki hannunsa a kan makunni, kusa-kusa, yana hamma. Sai ku yanka zuwa kan kare yana zabga gudun kusan kilomita 70 a awa, da takunkumi a baki. Ko ya kama, da wane bakin zai ci? (dariya) Na ce da wane bakin? Kada ku sa wa karnukan muryar mutane suna bayani, mai kallo ba yaro ba ne.

Sai ɗauka. Tseren mita 480 bai wuce daƙiƙa 30 ba, don haka a ɗauka da firam 120, wato hoto 120 a kowace daƙiƙa, a haska da 24, ya miƙe ninki biyar. Amma hakan na cin haske, kuma fitilun fili da dare kan sa hoton ƙyaftawa, a gwada tukuna. Kyamara ƙasa, daidai idon kare, a kwanar farko, nan suke gwabza juna.

Na huɗu... au, na uku ne? Malama, kin ɗaga hannu.

Tana tambaya, wai ba zaluntar dabba ba ne? Tambayarki a kan hanya take, Malama. A 2018 mutanen jihar Florida ta Amurka suka kaɗa ƙuri'ar hana wasan. Kada ku shirya tsere saboda fim. Ku nemi izinin ɗaukar wanda dama za a yi, ko ku koma zane mai motsi. In kun samu shiga, ku leƙa bayan fili, inda ake ajiye karen da ya karye a kwanar nan, shi ma a ɗauke shi.