Kada ka miƙa amsa sai ka mayar da ita gurbin x

Assalamu alaikum 'yan uwana na Sakkwato, musamman ƙannena masu shirin WAEC da NECO da JAMB. Daga nan Alkahira nake magana, ga allo ga alli. Yau batunmu aljabra, kalmar da ta fito daga "al-jabr" ta cikin sunan littafin al-Khwarizmi, malamin Bagadaza na wajen shekarar 820. Abin da nake so ku riƙe shi ne yadda za ku gane da kanku ko amsarku daidai ce tun kafin malami ya duba.

Ku dubi wanga: 2(x − 3) = x + 4. Yaro ya buɗe baka da gaggawa, ya rubuta 2x − 3, ya manta 2 ɗin nan dole ta ninka 3 ita ma. Ya samu x = 7. To, mu gwada. Hagu: 7 a ɗebe 3 saura 4, sau 2, ya zama 8. Dama: 7 a tara da 4, 11. Takwas ba sha ɗaya ba ce, ke nan akwai kuskure. Amsar gaskiya 10 ce, hagu 14, dama 14.

Ku natsu a nan, don nan ne mafi yawa ke faɗuwa. In ka sa 7 cikin layinka na biyu, wato 2x − 3 = x + 4, za ka ga 11 da 11, ka yi murna a banza, saboda layin da kansa gurɓatacce ne. Kullum a koma ga tambayar yadda anka rubuto ta a takarda. Kuma a lissafa hagu daban, dama daban, kada a tsallakar da komai.

Sai lamba mai alamar ragi. A x² + x − 6 = 0, amsoshin su ne 2 da −3. In za ka sa −3, rufe ta cikin baka: (−3)² tara ne, 9 − 3 − 6 sifili. In ka danna −3² a kalkuleta babu baka, −9 za ta ba ka, ka ƙare da −18, ka soke amsa mai kyau.

Akwai kuma amsar da aikinka ke haifarwa alhali tambayar ba ta san ta ba. Misali √(x + 2) = x; alamar √ ita ce tushe, wato lamba marar alamar ragi da in anka ninka ta da kanta za ta ba da abin da ke ƙarƙashin alamar. Munka ninka kowane ɓangare da kansa, munka samu 2 da −1. Sa 2: tushen 4 shi ne 2, ta zauna. Sa −1: tushen 1 shi ne 1, dama kuwa −1, ba ta shiga ba. Dalili, ninka lamba da kanta na ɓatar da alama, 1 da −1 duk 1 suke komawa. Haka duk amsar da ta mayar da ƙasan kaso sifili, jefar da ita.

In tambaya biyu ce masu x da y, gwada a duka biyun. A JAMB kuwa, da lokaci ya ƙure, ɗauki zaɓin A zuwa D ka riƙa sawa ɗaya bayan ɗaya.

Ga aikin gida: 5(x + 1) = 3x + 13. Ku turo min amsa tare da gwajin hagu da dama, amsa tsirara ba zan karɓa ba.