Shari'ar Madarar Sanlu: Daga Birnin da Abin Ya Faru

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da war haka. Yau ina Shijiazhuang, babban birnin lardin Hebei a ƙasar Sin, kuma wannan kantin da na shigo, ku dubi layin madarar jarirai. Ga wata uwa can tana jujjuya gwangwani, ta karanta gaba, ta karanta baya, ta duba ƙasar da aka yi shi kafin ta jefa a kwando. Tana da dalili.

A nan garin kamfanin madara na Sanlu yake a da. A 2008 aka gano ana yi wa madara algus: a tsarma ta da ruwa, sai a zuba sinadarin melamin, wanda ake yin roba da shi. Gwajin sinadarin gina jiki na wancan lokacin naitirojin kawai yake aunawa, shi kuwa melamin cike yake da shi, sai madara ta fito kamar mai gina jiki. A cikin jariri kuma tsakuwar ƙoda take zama. Hukuma ta ce jarirai shida sun rasu, kusan 300,000 sun kamu da ciwo. Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Abin da ya fi ƙona min rai, shugabannin kamfanin sun tabbatar da matsalar tun farkon Agusta, ana dab da wasannin Olamfik na Beijin, amma ba a janye kayan a fili ba sai Satumba.

Kotun garin nan ta yanke hukunci ranar 22 ga Janairu, 2009. Shugabar kamfanin, Tian Wenhua, ɗaurin rai da rai. Zhang Yujun mai haɗa garin melamin da Geng Jinping mai tattara madara, hukuncin kisa. Suka ɗaukaka ƙara, babbar kotun Hebei ta yi watsi da ita a Maris, a Nuwamba aka zartar wa mutum biyun. A Yunin shekarar sabuwar dokar kiyaye ingancin abinci ta fara aiki.

To amma iyayen yaran fa? Nan ne nake so ku tsaya. Diyyar da aka tsara, yuan (kuɗin Sin) 200,000 ga wanda ɗansa ya rasu, 30,000 ga mai ciwo mai tsanani, 2,000 ga sauran. Da yawa suka ce sai kotu, amma aka daɗe ba a karɓi ƙararsu ba, kamfanin kuma ya karye a farkon 2009. Wani uba, Zhao Lianhai, wanda ɗansa ya kamu, ya haɗa kan iyaye ta intanet. A 2010 aka yanke masa shekara biyu da rabi bisa zargin tayar da zaune tsaye, daga baya aka sake shi saboda rashin lafiya. Wallahi wannan bai kwanta min ba. Mutumin da ɗansa ya kamu da ciwo, shi ma ya ƙare a gidan yari, don kawai ya nemi a saurare shi.