Wanda Ya Aiki Soja Daji, Shi Ke Da Jinyarsa

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum.

A makon jiya an yi biki a unguwarmu. Da la'asar sakaliya, ana tsakiyar hidima, sai wasu samari suka fasa abin wasan nan mai ƙara da yara ke kira nokawut. Kafin ƙarar ta gama sauka, maigadin shagunan bakin titinmu ya riga ya faɗa cikin kwata, ya rufe kansa da hannu biyu, yana ihu yana cewa kowa ya kwanta. Mutum ne da ya haura hamsin, tsohon soja, ya yi shekaru a Arewa maso Gabas. Yara suka kwashe da dariya, wani ya zaro waya ya shiga ɗauka. Wani dattijo da ke zaune kusa da ni ya girgiza kai, ya ce ƙwaya ce.

Kalmar nan ce ta hana ni sukuni har na zo gabanku da ita yau. Ƙwaya ce, shi ke nan, an yanke hukunci an tashi kotu.

Ba zan yi muku ƙarya ba, yana sha. Kowa a layin ya sani. Da safe taramol, da dare abin da zai kwantar da shi. Amma matarsa ta taɓa gaya wa mai ɗakina cewa tun da ya dawo bai taɓa kwanciya ya ba ƙofa baya ba. Da tsakar dare zai tashi ya zauna a bakin gado, jiki sharkaf da gumi, yana sauraron abin da babu wanda ke ji sai shi. Ta ce mutumin da ya tafi ko goro bai dame shi ba. To wa ya tafi da wancan mutumin, wa ya dawo mata da wannan? Ba shi ya aiki kansa ba. Ƙasa ce ta ba shi kaki da bindiga, ta nuna masa daji ta ce shiga. Wanda ya aike shi, shi ke da jinyarsa.

Tun 2009 ake yaƙin nan da Boko Haram. An yi rundunar Lafiya Dole, a 2021 aka sauya suna zuwa Haɗin Kai, kuma har yanzu ana ciki. Kafin shi akwai waɗanda suka je Laberiya da Saliyo a ƙarƙashin ECOMOG, rundunar kiyaye zaman lafiya ta Afirka ta Yamma, tun daga 1990, kafin su akwai dattawan yaƙin basasa na 1967 zuwa 1970. Ku tuna watan Agustan 2018, lokacin da sojoji suka yi ta harbi sama a filin jirgin Maiduguri don an ce za a kai su Marte. Kukansu shi ne sun shekara da shekaru a bakin daga ba a canje su ba. Aka kira abin rashin ɗa'a. Na yarda, soja ba ya yi wa umarni gardama da bindiga. Amma wa ya tsaya ya tambaya, mutumin da ya yi shekara uku ko huɗu yana kwana a rami, yana kwashe gawar abokin da suka ci tuwo tare da safe, da me yake iya buɗe ido da dare, kuma da me yake iya rufe shi?

Amsar tana nan a kasuwa, ba a ɓoye take ba. Taramol maganin ciwo ne, likita kan ba da mai miligiram 50 ko 100. Wanda ke yawo a hannun masu talla mai 200 ne, har da mai 225. Yana kashe gajiya, yana dusashe tsoro na ɗan lokaci, shi ya sa mai aikin ƙarfi ke son sa, shi ya sa mai tsaron dare ke son sa. Sai jiki ya saba, ɗaya ta daina isa, a koma biyu, a koma huɗu. Idan ya yi yawa yana kayar da mutum kamar mai farfaɗiya. Idan aka daina shi kwatsam sai ciwon gaɓoɓi, da zufa, da rashin barci, da baƙin rai. Da dare kuma sai a nemi giya ko ƙwayar barci, kuma haɗa su biyun na iya tsayar da numfashi mutum yana kwance. Hanta na lalacewa a hankali, albashi ko fansho na ƙarewa tun kafin tsakiyar wata, faɗa na shiga gida.

A ƙarƙashin duk wannan akwai ciwon da likitocin ƙwaƙwalwa suka daɗe da sani: firgicin da ke bin wanda ya ga tashin hankali. Yaƙi ya ƙare a waje, jiki bai samu labari ba. Ƙarar tayar mota da ta fashe, ƙaurin roba, bugun ƙofa, duk sai su mayar da mutum inda ya baro. Ciwo ne mai suna, mai magani, ana warkewa. Idan ba a yi masa magani ba, mai shi zai nemo wa kansa, kuma abin da ya fi kusa da hannunsa shi ne na mai kemis ɗin lungu.

Kada wani ya ce wannan ciwon raggaye ne. A watan Oktoban 2022, wajen aza harsashin cibiyar kula da masu wannan larura ta sojoji a Abuja, Hajiya Aisha Buhari ta faɗa da bakinta cewa mijinta, marigayi Janar Muhammadu Buhari, Allah ya jiƙansa, ya yi shekaru yana fama da ita. Ta ce ya yi wata talatin yana yaƙin basasa ba a duba lafiyar tunaninsa ba, sannan ya yi wata arba'in a tsare. Janar ke nan, wanda ya mulki ƙasar sau biyu. To ina ga kofur da ya koma ƙauyensu da jaka ɗaya?

Na san abin da wasu za su ce, domin na ji shi tun a wurin bikin. Za su ce ai shi ya sa hannu, ya san aikin soja ba wasa ba ne. Za su ce shaye-shaye haramun ne, kuma dubban abokan aikinsa sun je sun dawo ba su sha ba. Duk gaskiya ne, kuma babu ɗaya da ya amsa tambayar. Ya sa hannu zai iya mutuwa, bai sa hannu a yar da shi ba idan ya rayu. Haramcin abu bai taɓa hana a yi wa marar lafiya magani ba. Maganar waɗanda suka dawo lafiya kuwa, a fagen daga ma ba kowa harsashi ke samu ba, amma ban taɓa jin an ce wa wanda ya rasa ƙafa ya dubi abokansa masu ƙafa biyu ya ji kunya ba. Wanda ya rasa ƙafa ana kai shi asibitin sojoji na 44 a Kaduna, manyan baƙi su zo duba shi, har Yarima Harry na Ingila ya je a watan Mayun 2024. Madalla, hakkinsa ne. Wanda ya rasa barcinsa kuma sai a bar shi da yaran unguwa da wayoyinsu.

Akwai inda nake ja da baya, kuma zan faɗa. Ba kowane soja mai shaye-shaye ne yaƙi ya koya masa ba. Wasu da abinsu suka shiga, domin daga cikinmu aka ɗebo su. Binciken da aka yi a 2018 tare da ofishin Majalisar Ɗinkin Duniya mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi ya nuna mutum miliyan 14.3 a Najeriya, 'yan shekara 15 zuwa 64, sun yi ta'ammali da ƙwaya a shekarar da ta gabace shi, kuma miliyan 4.6 daga ciki magungunan ciwo ne irin su taramol da kodin. Haka nan matar da ke shan duka a hannun irin wannan miji ba za a ce mata ta yi haƙuri don ya je yaƙi ba. Ita ma a kare ta. Amma ko da abinsa ya shiga, wa ya tantance shi ya ɗauka? Wa ya riƙe shi shekara ashirin, ya ga idonsa kullum a fareti, sannan ya sallame shi ya ce lafiya lau? Har yanzu dai maganar ta komo gida: wanda ya aike shi, shi ke da jinyarsa.

Masu cewa ɗan ƙwaya ba ya dainawa, su saurari abin da ya faru a Amurka. A 1971, ana tsakiyar yaƙin Biyetnam, hankalin gwamnatin Shugaba Nixon ya tashi saboda yawan sojojin da ke shan hodar heroin a can. Aka kafa doka cewa ba sojan da zai hau jirgin komawa gida sai an gwada fitsarinsa, wanda aka samu da ita a tsayar da shi a wanke masa jiki tukuna. Wata mai bincike, Lee Robins, ta bi sawun waɗanda suka dawo. Ta gano kusan ɗaya cikin biyar sun kamu da jarabar a can, amma cikin shekarar farko da dawowarsu kusan kashi 5 cikin ɗari ne kawai na waɗanda suka kamu suka sake faɗawa. Mafi yawansu sun bari da suka bar wurin da tsoro ya yi yawa, hoda kuma ta yi arha. Wato ba a jinin mutum abin yake ba, inda yake da abin da ya tarar a gida su ne ke rinjaye.

To namu me yake tararwa? Ya bar daji inda ƙwaya ke da arha, ya dawo unguwa inda ta fi arha. Ya tarar da kuɗin makarantar yara, da bashin mai shago, da hakkokinsa da ba su fito ba. Mun ga 'yan mazan jiya da tabarminsu a ƙofar Ma'aikatar Kuɗi a Abuja, a 2022 mun gani, a 2025 mun sake gani, dattawa masu furfura suna kwana a titi don neman abin da yake nasu. Sai ranar 15 ga Janairu ta zagayo, a jera furanni, a saki tantabaru, a busa bigila don waɗanda suka mutu. Haba jama'a! Matattu ba sa neman komai sai addu'a, shi ya sa girmama su ke da sauƙi. Mai rai ne ke da tsada, shi ne ke bukatar likita da gado da magani na wata da watanni.

Kuma ku duba tarkon da ake saka soja tun yana cikin kaki. Dokar soja tana hukunta maye da shan ƙwaya. To wane kofur ne zai je gaban ofisansa ya ce ranka ya daɗe, ba na iya barci sai na sha? Ya san abin da zai biyo baya, ko gadurum ko kora, ga sunan rago da zai bi shi har bariki na gaba. Sai ya yi shiru, ya ci gaba da haɗiya. Ranar da ya yi ritaya ya fito da ciwonsa cikakke, babu ko layi ɗaya a fayil ɗinsa da ya ambace shi. Akwai cibiyar Oshodi a Legas inda ake koya wa masu shirin barin aiki sana'a, kiwon kaji, ɗinki, da sauransu. Abu ne mai kyau. Amma mutumin da hannunsa ke rawa sai ya sha, jarin kajin ma a wurin mai ƙwaya zai ƙare.

Idan iyali suka gaji, ina za su kai shi? Likitocin ƙwaƙwalwa a ƙasar mutum fiye da miliyan 200 ba su wuce 'yan ɗaruruwa ba. A duk faɗin Arewa, manyan asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya da aka fi sani su ne na Barnawa a Kaduna, da na Maiduguri, da na Kware a Sakkwato. Wanda ba shi da kuɗin mota sai ya nufi gidan mari, a sa wa mutumin da ya kare ƙasa sasari a ƙafa. Mun ga abin da 'yan sanda suka tarar a gidan mari na Rigasa, a Kaduna, a 2019. An sa hannu a kan sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa a farkon 2023, ta maye gurbin tsohuwar ta 1958, amma doka a takarda ba ta ba kowa barci.

Abin da nake nema ba gagarumi ba ne. Duk sojan da ya fito daga bakin daga, likitan ƙwaƙwalwa ya zauna da shi kafin ya je gida, kuma a sake dubawa bayan wata shida, domin ciwon nan yakan yi jinkirin bayyana. Wanda ya kawo kansa ya ce yana sha, a ɗauke shi marar lafiya, a rufa masa asiri, kada a taɓa masa igiya. A riƙa canjin sojoji a kan lokaci. Jinyar shaye-shaye ta shiga cikin abin da tsohon soja zai samu kyauta da katinsa, a asibiti mafi kusa da garinsu. Shugaban hukumar NDLEA mai yaƙi da miyagun ƙwayoyi tun 2021, Buba Marwa, birgediya janar ne mai ritaya. Ya san bariki ciki da bai, ya san kasuwar mami ta cikin bariki, ba ya bukatar wani ɗan jarida ya yi masa bayani. Ƙungiyar 'yan mazan jiya tana da rassa a jihohi, ta san gidajen mutanenta. A ƙirga su, a je musu har gida.

Wanda ya aike shi, shi ke da jinyarsa. Ba matarsa ba, ba limamin unguwa ba, ba mai kemis ba.

Ku kuma samarin da kuka ɗauki hoton nan, don Allah ku goge shi. Yana da 'ya'ya mata biyu a makaranta, kuma sun riga sun gani. Ranar Litinin matarsa za ta kai shi ganin likita, ya yarda zai je bayan an sha fama da shi. Kuɗin motar da na katin, maƙwabta ne suka yi karo-karo bayan sallar isha'i, mai shayi ya ba da nasa, mai faci ya ba da nasa.

Wassalamu alaikum.