Ilimin Halarta: Sanin da Ba Ya Rabuwa da Samuwa

Salisu: Assalamu alaikum, jama'a masu saurare. Daga Maradi muke yi muku sallama, kuma tare da ni akwai Malam Lawali, wanda ke karantar da tauhidi da manɗiƙi, wato ilimin ƙa'idojin kafa hujja, a zaurensa, da Malama Hadiza, wadda ke koyar da falsafa a ajin ƙarshe na lise, wato babbar sakandare. Kalmar da muka ɗauko yau ba a cika jin ta ba ko a bakin masu karatu, ita ce "ilmul huduri". Allah ya gafarta Malam, me take nufi?

Malam Lawali: Wa alaikumus salam. Kalmar Larabci ce daga "hadara", wato ya halarta, kuma ita kanta "halarta" daga nan muka aro ta, domin harafin nan da Larabawa ke kira dadi mu lam muke mayar da shi, kamar yadda muka yi a alwala da larura da farilla. Saboda haka malamin zaure "huluri" zai ce, a Hausa kuwa ilimin halarta ke nan. Ba a gane shi sai an ajiye shi kusa da kishiyarsa, "ilmul husuli". A littattafan manɗiƙi ana cewa ilimi shi ne samuwar surar abu, wato hotonsa, a cikin hankali. Idan na ce na san tafkin Madarumfa, ruwan tafkin bai shigo kaina ba, surarsa ce ta shigo, kamar yadda wutar da nake tunawa ba ta ƙona ni. A irin wannan sani abubuwa uku ne: mai sani, da abin da aka sani, da surar da ke tsakaninsu. Tunda kuwa sura tana iya dacewa da abin, tana kuma iya saɓa masa, ta nan kuskure yake shigowa. Ilimin halarta shi ne sanin da babu wannan ɗan aiken a tsakani, abin da kansa ne yake a wurin mai saninsa.

Salisu: Wane abu ne zai kasance haka, Malam?

Malam Lawali: Yunwarka a ranar azumi, a watan Afirilu, bayan la'asar. Ba surar yunwa ce a tare da kai ba, yunwar ce da kanta. Samuwarta da saninka gare ta abu ɗaya ne, domin ba a taɓa samun raɗaɗin da mai shi bai ji shi ba. Idan ba a ji shi ba, to, ba raɗaɗi ba ne.

Malama Hadiza: Malam, harshenmu ma ya riga ya raba waɗannan biyun, ko da ba mu ba su suna ba. Bahaushe ba ya cewa "na san yunwa" lokacin da take cinsa, cewa yake yi "ina jin yunwa". Haka ƙishirwa, haka tsoro, haka kunya, haka daɗi. Kalmar "ji" ta ɗauki aikin kunne, ta ɗauki aikin jiki, ta kuma ɗauki fahimta, tunda muna cewa wane yana jin Zabarmanci. Idan ina so ɗalibaina su kama wannan bambanci, nakan tambaye su ko likita namiji da ya shekara ashirin yana karɓar haihuwa ya san naƙuda. Sai su ce ya sani mana. Sai in ce to, yana jin ta? Daga nan sai ajin ya yi tsit. Imamu Gazali, wanda ya rasu a 1111, ya kawo irin wannan misali lokacin da yake bayanin abin da sufaye ke kira "zauƙi", wato ɗanɗano, inda ya nuna nisan da ke tsakanin sanin ma'anar lafiya da ƙoshi, da kuma mutum ya kasance lafiyayye, ƙosasshe.

Salisu: Wa ya fara kafa wannan a matsayin babi na falsafa?

Malama Hadiza: Wanda aka fi danganta shi da shi shi ne Shihabuddin Suhrawardi, mutumin ƙasar Farisa, wanda ya gama babban littafinsa Hikmatul Ishraƙ a 1186, aka kuma kashe shi a birnin Halab na Sham a 1191, a zamanin Salahuddin, bai kai shekara arba'in ba. Ya ba da labarin cewa matsalar ilimi ta taɓa tsaya masa ƙwarai, har ya ga Aristo, masanin falsafar nan na tsohuwar Girka, a wani hali mai kama da mafarki, ya kai masa kuka, shi kuma ya umarce shi da ya koma ga kansa. Hujjar da ya fitar daga nan gajera ce, amma ni ban taɓa ganin wanda ya warware ta ba. Ya ce a ƙaddara cewa da sura nake sanin kaina. To, duk surar da ta zo cikin hankalina, "ita" ce a wurina, ba "ni" ba ce. Yaya zan gane cewa wannan sura tawa ce, in ban riga na san kaina ba kafin ta zo? Kamar wanda aka miƙa wa hoton katin ɗan ƙasa ne: ba zai ce "ni ne" ba sai yana da wani sani na kansa da ya gabaci hoton. Ashe ke nan sanin da nake yi wa kaina ba ta hanyar sura yake ba. Kasancewata ita ce bayyanata ga kaina, shi ya sa ya kira rai haske, domin haske ba ya bukatar wani haske kafin ya bayyana.

Malam Lawali: Amma a ba Ibn Sina haƙƙinsa, Malama, domin shi ya share fagen.

Malama Hadiza: Gaskiya ne, Malam. Ibn Sina, wanda ya rasu a 1037, ya ce mu ƙaddara an halicci mutum farat ɗaya, cikakke, an rufe masa ido, yana shawagi a sarari inda ko iska ba ya ji, an ware gaɓoɓinsa babu wadda ke taɓa wata. Wannan mutum bai san yana da hannu ba, bai san akwai ƙasa ko sama ba, amma ba zai yi shakkar cewa shi yana nan ba. Ɗalibanmu sun fi sanin maganar Dekart, Bafaranshen nan da ya rubuta a 1637 cewa yana tunani, saboda haka yana nan, tunda ita ce ke zuwa musu a jarrabawa. Abin da nake jan hankalinsu a kai shi ne "saboda haka" ɗin. Ga Ibn Sina da Suhrawardi, mutum ba ya kafa hujja da aikinsa kafin ya iso ga kansa, domin da zarar ya ce tunanina, ya riga ya sa kansa a cikin maganar. Shi ma Dekart ya bayyana daga baya cewa ba ƙiyasi yake nufi ba, wato ciro sakamako daga wasu maganganu da aka gabatar, gani ne na hankali kai tsaye, kuma adalci ne a faɗi hakan.

Salisu: Malam, kafin mu fara ɗauka kun ce akwai wani abu a kalmar "samuwa" da kuke so masu saurare su lura da shi.

Malam Lawali: Akwai, kuma shi ne abin da ya fi faranta mini rai a wannan babi duka. Duk yaron da ya karanta Sugura ta Shehu Sanusi na Tilimsan, wanda ya rasu a 1490, ya san cewa siffa ta farko cikin siffofi ashirin da suka wajaba ga Allah ita ce "wujudu", kuma malamanmu tun dā da "samuwa" suke fassara ta. To, "wujudu" daga "wajada" take, ma'anarta ya samu, kamar yadda ake samun ruwa a rijiya ko a samu akuyar da ta ɓata. Abin da yake akwai, Larabawa "maujudi" suke ce masa, wato abin da aka samu. Daga wannan tushe kuma aka ciro "wijdani", wato abin da mutum ke samu a cikin ransa. Dubi yadda Hausa ta bi sawun nan daidai: samu, samuwa, samamme. Magabatanmu suna da "akwai", suna da "kasancewa", amma suka zaɓi kalmar da ke ɗauke da mai samu a cikinta. Ba na cewa sun yi hakan ne don sun karanta Suhrawardi, fassara ce ta mutanen da suka san Larabci da Hausa ciki da bai. Abin da nake cewa shi ne, a harsunan nan biyu kalma ɗaya ce ta riƙe kasancewa da ganowa, don haka Bahaushe ba baƙo ba ne a wannan magana. Ko a Sullamu, littafin manɗiƙi na Shehu Ahalari, wanda muka fi sani da littafinsa na tsarki da salla, idan aka zo lissafa abubuwan da ke ba da yaƙini, masu sharhi sukan kawo yunwa da ƙishirwa a misalin abin da ake riska ta ciki.

Malama Hadiza: A falsafar Turai an raba fagen biyu, ontoloji mai binciken samuwa da efistemoloji mai binciken sani, ko da yake tun ƙarni na 5 kafin haihuwar Annabi Isa Farmenides, wani masanin falsafa Bagirke, ya ce tunani da samuwa abu ɗaya ne. A 2007 wata Ba'amurkiya da ta fito daga fannin fiziks, Karen Barad, ta haɗe sunayen biyu ta yi kalma guda, amma hanyarta daban ce da wadda muke kai. Wanda ya kai tamu maganar ƙarshenta shi ne Mulla Sadra na Shiraz, a ƙarni na 17. Shi cewa ya yi ilimi gaba ɗayansa wani nau'i ne na samuwa, kuma a lokacin sani mai sani da abin da ya sani suna zama ɗaya, ra'ayin da Ibn Sina ya soka da kakkausar murya. A wurin Sadra rai ba allo ba ne da ake rubutu a kansa da tawada, a wanke, allon ya koma yadda yake. Duk abin da mutum ya sani da gaske yana ƙara masa samuwa, ta yadda almajirin da ya shiga makaranta da gardin da ya fito daga cikinta ba a daraja ɗaya ta kasancewa suke ba.

Malam Lawali: Wannan na ƙarshe ina karɓarsa a matsayin bayanin tarbiyya, domin mun sha ganin karatu ya zauna a jikin mutum har ya sauya masa tafiya da magana. Amma cewa mai sani da abin sani sun zama ɗaya, a nan ina tare da Ibn Sina. Idan biyu suka zama ɗaya, ko dai dukansu suna nan, to, har yanzu biyu ne, ko kuwa ɗaya ya gushe, to, babu haɗuwa.

Malama Hadiza: Sadra zai amsa da cewa ba dutsen da ke waje ne ya haɗu da rai ba, Malam, abin da aka sani ne a cikin rai, kuma haɗuwar irin ta ƙwayar gero ce da zangarniyar da ta zama.

Malam Lawali: Na ji amsar, amma ban gamsu ba tukuna.

Salisu: To, ga tambayar da nake ganin tana ran masu saurare. Idan wannan ilimi ba ya kuskure, shin wanda ya ce "na ji a jikina" cewa wane ne ya yi masa sammu, ba zai fake da wannan kalma ba?

Malam Lawali: Nan ne wurin da nake roƙon jama'a su tsaya da kyau, domin an raba zumunta da yawa a kan wannan ruɗani. A damina, mutum ya kwanta da zazzaɓi a Tibiri ko a nan cikin gari, kai yana sara masa, gaɓoɓi suna ciwo. Ciwon nan ilimin halarta ne, babu mai ƙaryata shi a kansa, ko da duk likitocin ƙasar nan sun taru. Amma da zarar ya ce "shawara ce", ko "cizon sauro ne", ko "maƙwabciyata ce ta jefe ni", ya fita daga halarta ya shiga hukunci, hukunci kuwa yana iya zama daidai, yana iya zama kuskure, kuma sai da hujja. Tsoron da ya ji lokacin da matar ta gaishe shi gaskiya ne cewa ya ji shi. Laifin matar bai taɓa halarta a ransa ba, zatonsa ne ya halarta. Ilimin halarta ba ya kuskure ne saboda bai ce komai game da waje ba, saboda haka duk wanda ya ɗauki yaƙininsa ya ɗora a kan zargi, ko a kan mafarki, ko a kan da'awar cewa an buɗe masa abin da ya wajaba wasu su bi, ya yi amfani da kalmar ba a muhallinta ba.

Malama Hadiza: Kuma ba ya ƙaura daga rai zuwa rai. Idan na gaya wa ma'aikaciyar likita cewa marata na ciwo, abin da ya isa gare ta labari ne, sura ce. Shi ya sa take tambayata inda ke ciwo, domin wannan ni kaɗai ke da shi, sannan ta ɗebi jini ta auna, domin sanadin ba ya cikin abin da nake ji. Ni a rubutu, wurare uku nake yarda a sa kalmar ba tare da gardama ba: sanin mutum ga kansa, da saninsa ga halayen ransa, da saninsa ga surorin da ke cikin hankalinsa, tunda su ma ba da wata sura yake sanin su ba. Suhrawardi ya shigar da ganin ido a ciki, Sadra bai bi shi a kan haka ba, don haka mai rubutu ya faɗi na wa yake bi.

Salisu: Fassarar fa, mun tsaya a kan "ilimin halarta"?

Malama Hadiza: Ni da "sanin ji" nake fara wa ɗalibai, domin shi ya fi saurin shiga.

Malam Lawali: Yana da daɗi a baki, sai dai "ji" a Hausa ya haɗa da jita-jita, kuma mun ce gani ya kori ji, wanda zai sa a ɗauka cewa wannan ne sani mafi rauni, alhali shi ne mafi ƙarfi. A bar "halarta" a rubutu, a yi bayani da "ji" a aji.

Malama Hadiza: Na yarda da haka, Malam.

Salisu: Mun gode, Allah ya ƙara sani. Jama'a, sai mun haɗu a shiri na gaba. Wassalamu alaikum.