Filifin: Sun Karɓi Kalmomin Sifaniya, Sun Riƙe Harshensu

Assalamu alaikum masu kallo, barkanmu da sake saduwa.

Idan ka shiga kasuwa a birnin Manila, babban birnin Filifin, ka kasa kunne, gaisuwar da za ka fara ji ita ce kumusta. Duk wanda ya san Sifaniyanci zai gane ta nan take, domin cómo está ce, wato yaya kake. Ka tambayi lokaci, a ce maka alas-dos, ƙarfe biyu. Ka tambayi kuɗin kaya, mai tebur ta ce singkuwenta, hamsin ke nan. A gidan abinci kujera silya ce, cokali kutsara, taga bintana, mai gidan kuwa wataƙila sunansa Santos ko Reyes. Amma a ɗauko mutumin Madrid a ajiye shi a wannan kasuwa, sai dai ya tsinci kalma nan ya tsinci kalma can, hirar kanta ba zai san inda ta dosa ba. Sifaniya ta mulki waɗannan tsibirai shekara 333, daga 1565 zuwa 1898. A Meziko da Peru mulkinta ya sa yawancin jama'a suka koma magana da harshenta. A Filifin hakan bai faru ba, kuma dalilin da ya hana shi ne zancenmu na yau.

Ƙasar Filifin tsibirai ce sama da 7,000, da mutane fiye da miliyan 110, da harsuna fiye da 170. Kusan dukkansu 'yan gida ɗaya ne, dangin da masana ke kira Ostronesiya, wanda ake ganin ya taso daga Taiwan shekaru dubbai da suka wuce, ya bi teku cikin jiragen ruwa har Indunusiya da Malesiya da Hawayi, ya yi yamma har Madagaska a gefen Afirka. Biyar a Tagalog, harshen yankin Manila, lima ce, a harshen Malay lima, a Hawayi ma lima.

Kuma tun kafin Bature ya iso, mutanen nan fatake ne masu hulɗa da duniya. Kalmar fuska, mukha, da ta malami, guro, daga Sanskirit na Indiya suka zo. 'Yan kasuwar Sin sun bar musu kuya, yaya namiji, da ate, yaya mace. Larabci ya shigo ta bakin Malay: na gode a Tagalog salamat ce, alƙali kuwa hukom. Manila kanta, lokacin da Turawan Sifaniya suka ci ta, tana hannun sarakuna Musulmi, cikinsu har da Raja Sulaiman. Suna kuma da rubutunsu na gargajiya mai suna baybayin.

Magellan, jagoran ayarin jiragen ruwan Sifaniya, ya iso a 1521, ya gamu da ajalinsa a tsibirin Mactan a hannun mayaƙan Lapulapu. Legazpi, wani jagoran Sifaniya, shi ne ya kafa mulki a tsibirin Sebu a 1565, ya kama Manila a 1571. Sunan ƙasar ma daga Filip na Biyu, sarkin Sifaniya, aka samo shi.

To me ya hana harshen masu mulki bin gari? Na farko, nisa. Har zuwa 1821 daga Meziko ake gudanar da Filifin, kuma abin da ke haɗa su manyan jiragen ruwan kasuwanci ne da ke zirga-zirga tsakanin Manila da Akapulko, tashar jiragen ruwa a Meziko, tafiya ta watanni, sau ɗaya ko biyu a shekara. Turawan da suka zo suka zauna kaɗan ne, yawancinsu kuma a cikin ganuwar Manila suke. Wannan hanya ta Meziko ta bar alamarta: dankalin da muke ci a nan su kamote suke ce masa, kasuwar da ke ci lokaci-lokaci kuma tiyangge, kalmomin Aztek, mutanen Meziko na asali, ne da suka ƙetaro teku.

Na biyu, kuma shi ne babba, limaman Katolika. A garuruwa da yawa limamin coci shi kaɗai ne Bature. Ya fi masa sauƙi shi ɗaya ya koyi harshen gari da ya koya wa dubban mutane nasa. Haka kuwa suka yi. A 1593 aka buga Doctrina Christiana a Manila, da Sifaniyanci da Tagalog, Tagalog ɗin da haruffan boko da kuma baybayin. A 1610 aka buga nahawun Tagalog, a 1613 ƙamus ya biyo baya. Sarakunan Sifaniya sun sha aiko da umarni a koya wa talakawa harshensu, umarnin ya riƙa tsayawa a takarda. Masana tarihi da dama na ganin limaman sun fi son haka, domin muddin talaka bai iya harshen gwamna ba, sai ta bakin limami zai yi magana da hukuma. Sai a 1863 aka kafa dokar makarantun gwamnati, lokacin kuwa saura shekara 35 mulkin ya ƙare. Ba don ƙaunar harsunan aka yi haka ba, amma ya cece su. Abin da bai tsira ba shi ne baybayin, wanda haruffan boko suka ture har aka daina rubutu da shi a harkokin yau da kullum, kuma wannan asara ce babba.

Yanzu mu dubi abin da Tagalog ya yi da kalmomin da ya karɓa. Harshe ne mai ɗaukar tushen kalma ya yi mata ƙari a gaba, ko a baya, ko a tsakiyarta. Sulat rubutu ne. A tsaga kalmar a cusa um, ta zama sumulat, ya rubuta. A maimaita gaɓar farko, susulat, zai rubuta. To da kalmar aiki ta Sifaniyanci, trabajo, ta shigo, ba a ɗaga mata ƙafa ba. Ta zama trabaho, sannan nagtrabaho, ya yi aiki, nagtatrabaho, yana aiki, magtatrabaho, zai yi aiki. Mutumin Madrid ya san tushen, amma waɗannan kalmomi uku baƙi ne a wurinsa.

Dubi jam'i ma. A Sifaniyanci zapatos takalma ne da yawa. Tagalog ya haɗiye kalmar ɗungurungum, sapatos ta zama ko da takalmi ɗaya ne, albasa ɗaya sibuyas, tuffa ɗaya mansanas. In ana nufin da yawa sai a sa kalmar gida, mga, a gaba. Wasu kuma ma'anarsu ta juya. Seguro tabbas ne a Sifaniya, siguro a Manila wataƙila ne. Siempre kullum ce, siyempre kuwa ai dole. Kuma akwai abin da mulkin shekara ɗari uku bai taɓa ba: Tagalog yana da mu iri biyu, tayo, mu har da kai da nake wa magana, da kami, mu ban da kai.

Sunayen ranaku da na watanni kusan duka na Sifaniya ne: Lunes, Martes, Enero, Pebrero. Ƙidaya kuwa hawa biyu ce. Ana ƙirga abubuwa da isa, dalawa, tatlo, amma agogo da kuɗi da shekaru sau da yawa da na aro. Masu harshen Sebuwano, wato harshen Sebu, sukan ƙirga ɗaya zuwa goma da nasu, daga nan su koma na Sifaniya. Bahaushe ba zai yi mamaki ba, mu da muke da ɗaya zuwa goma namu, ashirin da talatin da Litinin da Talata kuma na Larabci, kuma Hausarmu tana nan Hausa.

Sunayen iyali labarinsu daban ne. A 1849 gwamna Narciso Clavería ya fitar da kundin sunaye aka rarraba wa garuruwa, kowane gida ya ɗauki ɗaya, don sauƙin ƙidaya da karɓar haraji. Saboda haka sunan Sifaniya a Filifin, a mafi yawan lokuta, ba shaidar jinin Bature ba ne.

A wurare kaɗan ne cuɗanyar ta haifi sabon harshe, wanda ake kira Chavacano. A 1635 aka fara gina sansanin soja a Zamboanga, kudancin ƙasar, inda sojoji da ma'aikata daga tsibirai daban-daban suka haɗu. A can, da kuma Cavite kusa da Manila, Chavacano ya samu gindin zama. Yawancin kalmominsa Sifaniyanci ne, amma gininsa na gida ne. Aikatau ba ya canzawa, sai a sa masa ƙaramar alama: ta come yana ci, ya come ya ci, ay come zai ci. A Zamboanga har yau dubban ɗaruruwan mutane da shi suka tashi.

Zuwa ƙarshen ƙarni na 19 'yan boko sun ƙware a Sifaniyanci, kuma da shi suka yaƙi Sifaniya. José Rizal, wanda aka harbe a Manila ranar 30 ga Disamba 1896, da Sifaniyanci ya rubuta littattafansa biyu da suka tayar da ƙasar. Baitocin taken ƙasa na farko ma da shi aka rubuta su a 1899. Sai Amurka ta karɓi tsibiran a 1898 kan dala miliyan 20, a 1901 ta turo malamai kusan 500 a jirgi guda, ta buɗe makarantu lungu da saƙo da Turanci. Abin da Sifaniya ba ta yi ba a ƙarni uku, Amurka ta yi cikin shekaru kaɗan. Yaƙin Manila na 1945, lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, kuma ya ragargaza tsohon birnin da masu jin Sifaniyanci suka fi yawa.

Saura tambayar da ake yawan yi: Filipino da Tagalog abu ɗaya ne? A 1937 shugaba Manuel Quezon ya ayyana Tagalog a matsayin tushen harshen ƙasa, bisa shawarar kwamitin da Jaime de Veyra ya jagoranta, mutumin da shi kansa harshen Waray ne nasa. A 1959 aka sa masa suna Pilipino, tsarin mulkin 1987 ya mai da shi Filipino, da alƙawarin za a wadata shi da sauran harsunan ƙasar. Haruffa suka tashi daga 20 zuwa 28. Turanci ya zama harshen hukuma na biyu, Sifaniyanci da Larabci kuwa aka bar su ga mai so. A aikace dai, Filipino Tagalog ɗin Manila ne, kuma a titi ana gauraya shi da Turanci, abin da suke kira Taglish.

Wannan ya daɗe yana ci wa mutanen Sebu tuwo a ƙwarya, su da masu Ilokano da Hiligainon da Waray, kuma suna da hujja. Waɗannan harsuna ne masu zaman kansu, ba karin harshen Tagalog ba. Langgam a Manila tururuwa ce, a Sebu tsuntsu. A 2013 doka ta ce a fara koyar da yara da harshen uwa har aji uku, a 2024 wata dokar ta janye wannan wajibci, aka koma Filipino da Turanci. An yi kukan rashin littattafai da malamai, kuma kukan gaskiya ne, amma a ganina maganinsa a buga littattafan ne a horar da malaman. Yaron ƙauye a tsibirin Mindanao na kudu yanzu zai fara koyon karatu da harsuna biyu waɗanda ba ɗayansu ake yi a gidansu ba.

Sai mun haɗu a shiri na gaba, ku huta lafiya.