Likita ta ga taurari a cikin idona

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da warhaka. Ku yi haƙuri da baƙin tabaran nan da na saka. Yanzu na fito daga asibitin ido, maganin da suka ɗiga mini ya buɗe ƙwayar idon, haske kaɗan ma damuna yake yi. Sun ce kada in yi tuƙi sai ya sake ni, shi ya sa nake zaune a mota ina jiran ɗana. Kafin ya iso bari in ba ku labari.

Shekaruna da yawa a ƙasar nan ban taɓa zuwa a duba mini ido sosai ba, sai kwanakin baya da ƙananan rubutu suka fara gagarata. Mai gwajin tabarau ya haska idon dama bai ce komai ba. Da ya koma na hagu sai ya daɗe yana leƙawa, ya ce zai tura ni wajen ƙwararru. Wallahi gabana ya faɗi. Makonnin da na yi ina jira, ko barci ban yi da kyau ba, tunanina ɗaya ne: makanta.

Yau likitar ta juyo mini da allon kwamfuta ta ce in kalla. Jama'a, ɗigo-ɗigo ne farare, wasu da ɗan rawaya-rawaya, birjik a cikin duhu, kamar sararin sama a daren da babu wata. Sunan abin a wajen likitoci asteroyid hayalosis. Wani likitan ido na birnin Dublin mai suna Alfred Benson ne ya bayyana shi a 1894, kuma kamannin nan na taurari ne ya sa aka raɗa masa sunan.

Ga yadda ta yi mini bayani. Cikin ƙwallon ido, tsakanin madubin gaba da tantanin baya mai karɓar haske, cike yake da wani ruwa mai kauri, garai-garai, wanda kusan kashi 99 cikin 100 ɗinsa ruwa ne, sauran kuma siraran zaruruwa ne ke riƙe da shi. A jikin zaruruwan nan ne sinadarin kalsiyam da maiƙo ke dunƙulewa su zama ƙananan ƙwayoyi. Idan ido ya motsa sai su yi lilo, idan ya tsaya su koma mazauninsu. Binciken da aka yi a Amurka da Ostareliya ya nuna kusan mutum 1 cikin 100 na masu manyan shekaru yana da su, an fi samun su a maza, kuma galibi a ido ɗaya.

Na tambaye ta, to me ya sa ni ba na ganin su? Ta ce haka abin yake ga mafi yawan masu shi. Likita na fama da su idan ya leƙa, mai idon kuwa yana karatunsa lafiya lau. Ba ciwo, ba kumburi, ba ya yaɗuwa daga mutum zuwa mutum, ba a kuma ba da magani. Sai a 'yan kaɗan da abin ya yi yawa har ya rage gani ne ake yin tiyata a cire ruwan.

Amma akwai inda na fi so ku saurara. Ƙwayoyin nan suna tare wa likita hanya, ba ya iya ganin tantanin baya da kyau. Mai ciwon suga kuwa a tantanin nan ne ɓarna ke farawa, a ɓoye, ba tare da ya ji komai ba. Saboda haka ta ɗauki hoton bayan idon da na'ura ta musamman, ta ce idan hoton bai fito ba akan yi sikanin. Ta kuma ce in je a gwada suga da hawan jini da kitsen jini, domin wasu bincike sun danganta su da wannan abu, wasu kuma ba su ga alaƙa ba. Gobe da safe zan je, in Allah ya yarda.

Abu biyu ta sa na rubuta a waya. Na farko, duk ranar da za a yi mini aikin yanar ido, in gaya wa likitan ina da wannan, saboda madubin silikon da ake dasawa yana iya yin hazo da kalsiyam a irin idona, akwai wasu nau'o'in da za a zaɓa. Na biyu, idan na wayi gari na ga baƙaƙen ɗigo masu yawa sun taso farat ɗaya, ko walƙiya a gefen ido, ko kamar an sauke labule a wani ɓangare, kada in ce ai taurarin nan ne. Wannan na iya zama tantanin ne ya yage ko ya ɓalle, a ranar ake zuwa asibiti, ba a kwana.

Alhamdulillahi, tantanina lafiya yake, an ce in dawo bayan shekara ɗaya. Ga yaron can ya iso, bari in koma kujerar gefe. Sai na kawo muku sakamakon gwajin jinin.